Doguwar sumar magani a duniyoyin almara

Doguwar sumar magani yanayi ne da likitoci ke jefa majiyyaci a cikinsa da gangan, ta hanyar ba shi magunguna masu ƙarfi har ya fita hayyacinsa gaba ɗaya na tsawon kwanaki, wani lokaci makonni, domin a kare ƙwaƙwalwarsa daga ƙarin lahani. A asibitocin yau ba a yin ta sai a sashen kulawa ta musamman, inda na'ura ke yi wa majiyyaci numfashi, ma'aikatan jinya kuma ba sa barinsa dare da rana. A adabin almara, wato labaran da ake ginawa a kan duniyar da marubuci ya ƙaga, mai sarakuna da mayaƙa da matsafa amma babu lantarki, ana yawan cin karo da abin da ya yi kama da ita: mai magani ya ba jarumin da ya ji rauni wani jiƙo, jarumin ya kwanta kwana da kwanaki, ya tashi garau. Sumar da mutum abu ne da ɗan Adam ya iya tun shekaru dubbai. Riƙe shi da rai yayin da yake cikin sumar shi ne aikin da bai samu ba sai a tsakiyar ƙarni na 20, kuma shi ne ɓangaren da yawancin labaran almara ke tsallakewa ko su miƙa wa sihiri.

Kalma da ma'ana

Kalmar da likitoci ke amfani da ita a harsunan Turai, koma, ta fito ne daga Girkanci, inda take nufin barci mai nauyi. Hausa ta fi bambance al'amarin. Akwai barci, akwai suma, wadda kan zo ta wuce cikin ɗan lokaci, akwai kuma doguwar suma. Aikatau ɗin da ke biye musu ma sun bambanta: mai barci farkawa yake yi, wanda ya suma kuwa farfaɗowa yake yi. Ana iya tada mai barci da kira ko da girgiza. Wanda ke cikin doguwar suma ko an tsunkule shi ba zai buɗe ido ba.

Wannan bambanci na harshe ya dace da abin da kimiyya ta gano. A wata maƙala ta 2010, masanin ƙwaƙwalwa Emery Brown da abokan aikinsa sun nuna cewa halin da allurar tiyata ke sa mutum ya fi kusa da doguwar suma fiye da barci, illa dai suma ce da ake iya janyewa. Likitoci kan ce wa dangi "mun sa shi barci" don kwantar musu da hankali, marubutan almara kuma sun ɗauki kalmar barci da duk abin da ke tattare da ita: hutu, mafarki, tashi da ƙarfi. A Larabci, kalmar banj sunan wani tsiro ne mai gusar da hankali, kuma ita ce har yau ake kiran allurar tiyata da ita a ƙasashen Larabawa da dama.

Yadda ake yin ta a asibiti

Ƙoƙon kai akwati ne rufaffe. A cikinsa akwai ƙwaƙwalwa da jini da ruwan da ke kewaye da ƙwaƙwalwar, kuma babu wurin da ɗayansu zai ƙaru sai ya matse saura. Idan mutum ya bugu a kai, a haɗarin mota misali, ƙwaƙwalwa kan kumbura kamar yadda ƙafa ke kumbura idan ta gurɗe. Ƙafa tana da sarari, ƙwaƙwalwa ba ta da shi. Matsin da ke cikin kan baligi mai lafiya yakan tsaya tsakanin 7 zuwa 15 a ma'aunin milimita na makuri, likitoci kan tashi tsaye idan ya wuce 20 zuwa 22 ya daɗe a haka. Idan matsin ya yi yawa jini ba ya iya shiga, sassan ƙwaƙwalwa su fara mutuwa.

Ƙwaƙwalwa ba ta wuce kashi 2 cikin ɗari na nauyin jiki ba, amma tana cin kusan kashi 20 cikin ɗari na iskar oksijin da jiki ke sha. Magunguna irin su fentobabital da tiyofental da furofofol suna rage aikin ƙwayoyinta. Aiki ya ragu, buƙatar jini ta ragu, jinin da ke cikin kai ya ragu, sai matsin ya sauka. Ana manna wayoyi a fatar kai a riƙa kallon motsin lantarkin ƙwaƙwalwa a allo, ana ƙara magani har sai layin ya koma shiru mai tsawo da ɗan motsi jefi-jefi. Haka kuma ake yi wa mai farfaɗiyar da ta ƙi tsayawa duk da an gwada sauran magunguna. A lokacin annobar korona an sumar da mutane da yawa na makonni domin su jure na'urar numfashi, ko da yake wannan bai kai zurfin wadda ake yi don kumburin ƙwaƙwalwa ba.

Sumar ba ta warkar da komai da kanta, lokaci kawai take saye. Tana kuma da tsada a jiki. Bitar da cibiyar Cochrane ta yi wa gwaje-gwajen da aka gudanar ba ta sami shaidar cewa magungunan babiturat suna inganta makomar masu raunin kai ba, ta kuma gano cewa suna faɗar da bugun jinin mutum ɗaya cikin kowane huɗu. Shi ya sa ake ajiye ta a matsayin matakin ƙarshe. Misalin da duniya ta fi sani shi ne na direban tseren mota Michael Schumacher, wanda ya faɗi yana wasan zamiya a kan ƙanƙara a Méribel ta Faransa ranar 29 ga Disamba 2013. An sumar da shi a asibitin Grenoble, sai a watan Yunin 2014 aka sanar cewa ya fita daga sumar.

Magungunan barci na da

Marubutan almara sun fi aron kayan aikinsu daga Turai da Gabas ta Tsakiya na tsakiyar zamani, kuma a nan tarihi ya ba su abin ɗauka. Dioscorides, likitan Girka na ƙarni na 1, ya rubuta cewa ana ba wanda za a yanka ko a yi wa lalas giyar da aka jiƙa saiwar mandirak a ciki. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya lissafa magungunan da ke kashe jin zafi a littafinsa Al-Ƙanun, ya sa ofiyom a kan gaba wajen ƙarfi. Tun ƙarni na 9 ake samun bayanin "soson barci" a rubuce-rubucen Turai: a jiƙa soso da ruwan ofiyom da mandirak da banj, a shanya, idan buƙata ta taso a sa masa ruwan ɗumi a kara a hancin majiyyaci. A ƙasar Sin ana ba da labarin likita Hua Tuo, wanda ya mutu wajen shekara ta 208, da wani gari da yake zubawa a giya kafin ya yi tiyata, sai dai yadda ake haɗa garin ya ɓace.

Wanda aka tabbatar da aikinsa da kwanan wata shi ne Hanaoka Seishu na Japan. Ranar 13 ga Oktoba 1804 ya cire ƙarin sankarar mama daga jikin wata mata 'yar shekara 60 bayan ya sumar da ita da haɗin tsirrai da ya kwashe shekaru yana gwadawa. Babban sinadarin haɗin shi ne tsiron da Hausawa ke kira zaƙami. Wannan ya riga nunin ita da William Morton ya yi a Boston ranar 16 ga Oktoba 1846 da shekara 42.

Duk waɗannan na sa'o'i ne, ba na kwanaki ba, kuma dalilin yana cikin tsirran kansu. Ƙarfin sinadarin da ke cikin tsiro yana canzawa da ƙasar da ya fito, da damina, da lokacin da aka cire shi, don haka cokali ɗaya na bana ba lallai ya yi daidai da cokali ɗaya na bara ba. Tazarar da ke tsakanin adadin da ke sumarwa da adadin da ke kisa kuma ƙanƙanuwa ce. Zaƙami da danginsa ba sa kawo natsuwa: suna kawo sambatu, da gane-gane, da zazzaɓi, da bugun zuciya da sauri, da riƙewar fitsari. Ofiyom kuwa yana rage numfashi. Wannan na ƙarshe yana da muhimmanci ga labaran yaƙi, domin idan numfashi ya ragu iskar kabon ta taru a jini, jijiyoyin ƙwaƙwalwa su buɗe, matsin cikin kai ya ƙaru. Mai maganin da ya ɗura wa mayaƙin da aka fasa wa kai ruwan ofiyom don ya huta, yana ƙara masa ainihin abin da ke neman kashe shi. Abin da irin wannan al'umma za ta fi iya yi da gaske shi ne huda ƙoƙon kai, aikin da aka samu shaidarsa a ƙasusuwan mutanen zamanin dutse da na tsohuwar ƙasar Peru, da yawansu da alamar sun warke sun ci gaba da rayuwa.

A tsofaffin labarai

Dogon barcin da wani ya sa wa wani ya girmi adabin almara na zamani. A labarin Völsunga na ƙasar Aisilan, wanda aka rubuta a ƙarni na 13, Odin ya soki Brynhild da ƙayar barci don ya hukunta ta. Wanda ya fi kusa da tunanin likita shi ne labarin gimbiya mai barci kamar yadda Charles Perrault ya buga shi a 1697. Wata tsohuwar aljana ta yi wa jaririya baki cewa za ta soke hannunta da mazari ta mutu. Ƙaramar aljanar da ba ta riga ta ba da kyautarta ba ba ta da ikon soke bakin, sai ta sassauta shi zuwa barcin shekara ɗari. Ba ta warkar ba, ta musanya mutuwa da jira, kuma wannan shi ne ainihin hujjar sumar magani. Daga baya ma ta sa ma'aikatan fadar duka barci don kada gimbiya ta tashi ta tarar ba ta san kowa ba.

A wasan Romeo and Juliet na Shakespeare, wanda aka fara bugawa a 1597, malamin coci Laurence ya ba Juliet ruwan da zai sa ta zama kamar gawa na sa'a 42. Tsawon bai kai wanda ƙishirwa za ta kashe mutum ba, amma babu maganin da zai tsayar da bugun jini da numfashi na kusan kwana biyu mutum ya tashi. Abin lura shi ne maganin ya yi aikinsa daidai. Saƙon da zai shaida wa Romeo gaskiya ne bai isa ba, saboda an tsare ɗan aiken a wani gida da ake zargin annoba ta shiga.

A almarar zamani

A littafin The Lord of the Rings na J. R. R. Tolkien, wanda ya fito a 1954 da 1955, birnin Minas Tirith yana da gidajen jinya da masu kula da su da masanin ganyaye. Suma iri biyu ce a labarin. Ta farko cuta ce: Faramir da Éowyn da Merry suna nutsewa cikin baƙin barcin da kusantar maƙiya ya jawo musu, sai Aragorn ya kira su da ganyen atelas. Ta biyu magani ce: bayan an halaka zoben, Aragorn ya yi jinyar Frodo da Sam ya sa su barci, suka tashi bayan kimanin mako biyu. Tolkien bai bayyana yadda suka sha ruwa a wannan tsakani ba, bai kuma yi kamar yana bayani ba. A duniyarsa warkarwa alamar sarauta ce ta gaskiya, mai karatu kuma ya karɓe ta a haka.

George R. R. Martin ya bi wata hanya dabam a jerin A Song of Ice and Fire, wanda ya fara da A Game of Thrones a 1996. Masu maganin nahiyar Westeros, waɗanda ake kira maesta, makaranta suke yi a birnin Oldtown, kayan aikinsu kuma na tsirrai ne. Babban maganinsu ruwan furen ofiyom ne, wanda ake ba masu rauni da masu gargarar mutuwa, kamar sarki Robert Baratheon bayan gursunun daji ya farke masa ciki. Akwai wani garin kuma mai zaƙi da ake ba yaro Robert Arryn saboda jijjiga: kaɗan yana kwantar da jiki, ninki uku na abin da ke sa barcin dare yana kisa, kuma maestan da ke ba shi ya yi gargaɗin cewa yana taruwa a jiki. Wannan siffa ta yi kama ƙwarai da ta babiturat. Martin ya kuma kula da abin da kwanciya ke yi wa jiki. Lokacin da Bran Stark ya faɗo daga hasumiya ya shiga doguwar suma, da zuma da ruwa ake riƙe shi, yana ta ramewa. A cikin fitattun marubutan wannan fanni shi ne ya fi kusantar gaskiyar jinya, ko da yake ɗura wa wanda ba ya cikin hayyacinsa ruwa ta baki na makonni hanya ce ta kai ruwan cikin huhu.

A littattafan Harry Potter na J. K. Rowling akwai wani jiƙo da ke sa mutum barci kamar matacce, an ambace shi tun a littafin farko na 1997, ɗalibai suka dafa shi a aji a littafi na shida na 2005. A littafi na biyu waɗanda macijin ya daskarar suna kwance a ɗakin jinya na watanni ba ci ba sha, kuma mandirak, wanda a tarihi maganin sumarwa ne, shi aka yi amfani da shi wajen tada su. Daskarewa ta warware matsalar gaba ɗaya, tunda jikin da ya tsaya cak ba ya buƙatar komai.

Abin da jikin mai suma ke buƙata

Na farko numfashi ne. Adadin maganin da zai sa ƙwaƙwalwa ta yi shiru yana kashe cibiyar da ke ba da umarnin numfashi ita ma. Tun kafin a kai nan, harshe kan faɗa baya ya toshe maƙogwaro, tari ya ɗauke, yawu da amai su gangara huhu. Ƙwaƙwalwar da ta rasa oksijin na 'yan mintuna ta fara lalacewa ke nan.

Sanin yadda za a hura wa wani iska ya daɗe. Andreas Vesalius ya bayyana a 1543 yadda ya sa kara a maƙogwaron dabba ya hura mata iska, a 1667 kuma Robert Hooke ya riƙe kare da rai da zugazugi a gaban masana a Landan. Amma sai a 1952 aka yi wa mutane da yawa haka na tsawon lokaci. A shekarar annobar shan inna ta afka wa Kofanhegan, babban birnin Danmak, majiyyatan da cutar ta shanye musu naman numfashi suna ta mutuwa a asibitin Blegdam. Likita Bjørn Ibsen ya ba da shawarar a huda maƙogwaro a sa bututu, a riƙa matsa jakar roba da hannu. Babu isassun na'urori, sai aka ɗebo ɗaliban likitanci sama da dubu, suna karɓa-karɓa, kowane yana zaune gefen gado yana matsa jaka sa'o'i da yawa, dare da rana, na makonni. Mutuwa a cikin irin waɗannan majiyyata ta sauko daga kusan 90 cikin ɗari zuwa ƙasa da rabi, a shekara ta gaba kuma Ibsen ya buɗe sashen da ake ɗauka a matsayin na farko na kulawa ta musamman. Wannan tarihi yana nuna cewa al'ummar da ba ta da lantarki za ta iya riƙe numfashin mutum idan tana da maƙera da dukawa da hannaye masu yawa. Yana kuma nuna farashin: majiyyaci ɗaya zai cinye aikin mutane da dama kowace rana, don haka sai sarki ko attajiri.

Sai ruwa da abinci. Mutum ba ya wuce 'yan kwanaki babu ruwa. Ƙarin ruwa ta jijiya bai fara ba sai a 1832, lokacin da Thomas Latta ya gwada shi a kan masu kwalara a Sikotilan, ya kuma ɗauki shekaru masu yawa kafin a iya yin sa ba tare da ƙwayoyin cuta ba. Bututun ciki ya fi sauƙi: a 1790 John Hunter ya ciyar da wani da ya kasa haɗiya ta bututun da aka yi da fatar wani kifi mai kama da maciji. Bututun fitsari na tagulla kuwa an tono shi a kufan Pompeii. Saura aikin hannu ne da ba ya ƙarewa. Ana juya majiyyaci kusan kowace sa'a biyu don kada fata ta mutu inda ƙashi ya danne ta gyambo ya fito. Ana rufe idanu a jiƙa su don kada su bushe, ana tsotse majina, ana motsa gaɓoɓi don kada su sandare, ana lura da gudan jinin da kan taso a ƙafa ya tafi huhu. Naman jiki yana zubewa tun daga makon farko.

Tarihi ya ajiye misalan abin da ke faruwa idan aka yi sumar ba tare da wannan kulawa ba. A farkon shekarun 1920 likitan taɓin hankali Jakob Klaesi ya fara sa majiyyata barcin kwanaki da babiturat a asibitin Burghölzli na birnin Zurik, wasu suka mutu, galibi da ciwon huhu. A asibitin Chelmsford na birnin Sidni a Ostireliya, daga farkon shekarun 1960 zuwa 1979, likita Harry Bailey ya riƙa sumar da majiyyata na makonni, aƙalla mutum 24 suka mutu, kamar yadda hukumar binciken da ta ba da rahoto a 1990 ta tabbatar. Mawaƙi Michael Jackson ya mutu a 2009 bayan likitansa ya ba shi furofofol a ɗakin kwana don ya sami barci, babu kayan sa ido da ya kamata, kotu kuma ta sami likitan da laifi a 2011.

Hanyoyin da marubuta ke bi

Mafi yawa suna yin shiru a kan jinyar, su tsallaka daga kwanciya zuwa tashi. Wasu suna tsayar da lokaci a jikin majiyyaci, kamar Perrault da Rowling, wanda shi ne mafi tsabta a hankalce, sai dai ya haifar da tambaya: jikin da ya tsaya ta yaya rauninsa zai warke? Wasu suna aro daga dabbobi. Beyar ƙasashen sanyi tana kwashe watanni a rami ba ci ba sha ba fitsari, ta fito ba tare da namanta ya zube sosai ba, don haka ƙagaggen jinsi mai irin wannan jiki ba ya buƙatar sihiri. Sanyi ma yana da tushe: a 1999 wata likita, Anna Bågenholm, ta maƙale ƙarƙashin ƙanƙara a Norwe na minti 80, zafin jikinta ya sauka zuwa digiri 13.7, ta rayu, amma da na'urar da ta ɗumama jininta a wajen jiki aka dawo da ita.

Tunanin da almara ta fi so, cewa a kwantar da mutum jikinsa ya yaƙi cutar da kansa, an taɓa gwada shi. A 2004 a jihar Wisconsin ta Amurka, Jeanna Giese, 'yar shekara 15, ta kamu da ciwon haukan kare bayan jemage ya cije ta. Likita Rodney Willoughby ya sumar da ita da ketamin da midazolam, ta rayu ba tare da an yi mata rigakafi ba. An sake gwada hanyar sau da dama a ƙasashe daban-daban, kusan duk ba a yi nasara ba, masana da yawa sun daina ba da shawararta. Allurar rigakafi nan da nan bayan cizo ita ce har yau abin dogaro.

Iko a kan mai suma

Wanda ke riƙe da maganin shi ke riƙe da mutumin, kuma a nan ne almara ta fi samun abin faɗa. A A Clash of Kings na 1998, Tyrion Lannister ya ji mummunan rauni a yaƙi, aka yi ta ba shi ruwan ofiyom. Da ya fara dawowa hayyacinsa ya ƙi ƙarin maganin duk da zafin da yake ji, saboda yana zargin 'yar'uwarsa ce ke so ya ci gaba da kwanciya. Kafin ya miƙe an ba wani muƙaminsa. Haka mai riƙon Robert Arryn yake matsa wa maesta ya ƙara wa yaron gari duk da gargaɗin da aka yi masa.

Duniyar gaske ma ta fuskanci tambayar. Firaministan Isra'ila Ariel Sharon ya sami zubar jini a ƙwaƙwalwa ranar 4 ga Janairu 2006, aka yi masa tiyata aka sumar da shi, Ehud Olmert ya karɓi riƙo. Da aka janye maganin bai farfaɗo ba, ya kwanta shekara takwas har ya rasu a Janairun 2014. Janye magani yana kawar da sumar da likita ya sa ne kawai, wadda raunin ya jawo tana nan.

Farfaɗowa da sukar masana

A asibiti ana rage magani a hankali. Babiturat yana taruwa a kitsen jiki, don haka yakan ɗauki kwanaki kafin ya fita. Majiyyaci kan tashi cikin ruɗewa, bai san dare ko rana ba, muryarsa a dushe saboda bututu, wani ba ya iya ɗaga hannunsa. Da yawa suna tuna mugayen mafarkai da suka ɗauka gaskiya ne, koyon tafiya kuma kan ci makonni ko watanni. Kaɗan ne daga labaran ƙirƙira suka nuna wani abu daga wannan. A fim ɗin Return of the Jedi na 1983, Han Solo ya fito daga daskarewa yana karkarwa, idonsa ba ya gani na ɗan lokaci.

Likitoci sun auna tazarar. Wani bincike da mujallar BMJ ta buga a 2005 ya bi mutum 64 da suka shiga doguwar suma a wasannin talabijin na Amurka, ya tarar 89 cikin ɗari sun warke sarai, abin da ya yi nisa da na asibiti. A 2006 likitan ƙwaƙwalwa Eelco Wijdicks da ɗansa Coen sun duba fina-finai 30 da aka yi tsakanin 1970 da 2004, suka ga biyu ne kawai suka nuna sumar yadda take. A sauran majiyyacin yana kwance ido rufe, fata sumul, jiki a murɗe, babu bututu, siffar da suka laƙaba wa sunan gimbiya mai barci ta Perrault. Sun kuma nuna wa mutum 72 da ba likitoci ba wasu sassan fina-finan, 28 daga cikinsu suka ce abin da suka gani zai iya shafar shawarar da za su yanke idan wani nasu ya shiga doguwar suma.